Wai hana waƙa talla ce? Ku duba rayuwar Visotski tukuna

Ranar Asabar ɗin da ta wuce muna zaune a majalisa bayan isha'i, hira ta gangara kan mawaƙa da hukuma, sai wani abokinmu ya kawo maganar nan da kowa ke maimaitawa yanzu kamar karatun allo, wai ai duk mawaƙin da gwamnati ta sa wa takunkumi talla ta yi masa kyauta, wai da shi mawaƙi ne ma da addu'a zai dinga yi Allah ya sa a hana waƙarsa. Kowa ya yi dariya har da ni. Amma da na koma gida abun ya ƙi barina in yi barci, sabida akwai wani mutum ɗaya da na san labarinsa sosai wanda a fuska shi ne babbar hujjar abokin nan nawa, amma in ka zauna ka bi rayuwarsa a tsanake sai ka ga shi ne ya fi kowa ƙaryata maganar. Sunansa Vladimir Visotski, ɗan Rasha ne, kuma ya mutu tun 1980.

Ni ta hannun kawuna na san shi, ƙanin mahaifiyata, Allah ya jiƙansa. Yana cikin samarin da aka tura Tarayyar Sobiyet karatun injiniya a ƙarshen shekarun 1970, lokacin da ake ta zancen kamfanin ƙarafa na Ajakuta da Rashawa za su gina mana. Ya dawo da digirinsa, da wata hular gashi da ba ta da wani amfani a zafin nan namu, da kwali guda cike da kaset. Kaset ɗin babu hoto a jiki babu sunan kamfani, rubutun biro ne kawai da haruffan nan nasu masu kama da an juya su baibai. In ya saka a rikoda mu yara sai mu kwashe da dariya, don murya ce kamar ta wanda ya wuni yana ihu a filin ƙwallo sannan ya kwankwaɗi ruwan ƙanƙara, ga gita guda ɗaya tal ana dukanta kamar ta yi laifi. Mai maƙogwaron janareto muke ce masa. Kawu dai sai ya girgiza kai ya ce, ku yi dariyarku yaran nan, ranar da mutumin nan ya mutu tsohuwar da ke gadin ƙofar hostal ɗinmu, wadda tunda na zo ban taɓa ganin haƙorinta ba, kuka ta dinga yi kamar ɗan cikinta ne ya rasu.

An haifi Visotski a Mosko ranar 25 ga Janairu 1938, babansa hafsan soja ne, mamarsa kuma mai fassarar Jamusanci. Ya shiga karatun injiniyan gine-gine ya gudu bayan 'yan watanni, ya koma makarantar koyon wasan kwaikwayo ya gama a 1960, a 1964 kuma ya shiga gidan wasan Taganka ƙarƙashin darakta Yuri Lubimov, nan ya zauna har ƙarshen rayuwarsa. To a takardar gwamnati aikinsa kenan, ɗan wasa. Waƙa kuwa da farko a ɗakin abokai yake yi, ana zaune ana hira ya jawo gitarsa mai tsirkiya bakwai irin ta Rashawa, shi ya rubuta baitin, shi ya sa karin, shi ya rera. Kafin ya mutu ya bar waƙoƙi wajen 600.

Abun da ya sa mutane suka haukace a kansa shi ne yadda yake shiga rigar wani ya yi magana da bakinsa. Yau fursuna ne, gobe direban babbar mota da ta maƙale a dusar ƙanƙara, jibi mashayi yana yi wa ɗan sanda bayani, akwai ma wadda jirgin yaƙi ne da kansa yake ba da labarin matuƙin da ke cikinsa. Waƙoƙinsa na yaƙin duniya na biyu sun kai har tsofaffin sojoji suna rubuto masa wasiƙa suna tambayar a wace runduna ya yi, alhali shekararsa uku lokacin da Jamus ta afka musu a 1941. Ƙasar da ta rasa mutum wajen miliyan 27 a wannan yaƙin, kusan kowane gida akwai wanda bai dawo ba, kuma waƙoƙin da rediyon gwamnati ke sakawa yawanci na tuta ne da fareti, sai ga wani yana waƙar sojan da ya waiga zai yi wa abokinsa magana ya tuna jiya ba a dawo da shi daga fagen daga ba. Haka tsofaffin fursunoni suka dinga rantsuwa wai sun zauna kurkuku ɗaya da shi. Bai taɓa zaman kurkuku ba.

To yanzu ga inda nake so abokina ya saurara. Gwamnatin Sobiyet ba ta taɓa fitowa ta ce ta haramta Visotski ba. Babu doka, babu takarda mai hatimi, ba a kai shi kotu kan waƙa ba, ba a tura shi Saberiya ba. Ƙyale shi aka yi yana hawa dandamali, daga 1971 shi ne ke fitowa a Hamlet, jarumin shahararren wasan Shakespeare, a Taganka kuma samun tikiti sai mai hanya, ya fito a finafinai, a 1979 ma ya fito a matsayin ɗan sanda Zheglov a wani fim na talabijin mai kashi biyar da ƙasar kaf ta zauna ta kalla. Ya auri 'yar fim ɗin Faransa Marina Vladi a 1970, daga 1973 aka fara barinsa ya fita waje, ya je Faransa, ya je Amurka, yana yawo da Marsandi a Mosko lokacin da talaka ke shekaru a layi yana jiran ƙaramar mota. Duk wanda ya ga wannan zai ce to ina takunkumin?

Takunkumin a waya yake. Kamfanin faifai ɗaya ne a ƙasar, Melodiya, na gwamnati, kuma duk tsawon rayuwarsa abun da suka fitar masa don kasuwar cikin gida 'yan ƙananan faifai ne masu waƙa uku huɗu, yawancinsu na finafinai. Ƙungiyar Marubuta ba ta karɓe shi ba, kuma a can in ba ka cikinta kai ba marubuci ba ne ko da ka cika ɗaki da rubutu. Littafin waƙoƙinsa ko ɗaya ba a buga ba yana raye. A 1968 jaridu suka taso masa, wata ta buga sharhi tana tambayar wai me Visotski yake waƙa a kai, ana zarginsa da ɗaukaka 'yan daba da mashaya da ɓata tarbiyyar matasa. Wani fim da ya yi a shekarar aka kulle shi a ma'ajiya, sai 1987 aka fito da shi. Sai a ɗauke shi a fim, an gama magana, kwatsam a kira darakta daga sama a ce a canza shi, in an tambayi dalili babu mai amsa. A watan Janairun 1980 gidan talabijin na ƙasa ya ɗauki hotonsa yana rera waƙoƙinsa, aka ajiye, ba a nuna ba sai da ya shiga kabari.

Kuma abun haushin, mutanen da ke ɗaga wayar nan su hana, da yawansu suna da tef ɗinsa a gida. Kawu ya ce wannan ba sirri ba ne, kowa ya sani, babban jami'i zai saurare shi da daddare yana kaɗa kai, gari ya waye ya je ofis ya soke sunansa daga jerin waɗanda za su fito. Baki biyu kenan, kuma ni a ganina wannan ya fi fito-na-fito muni nesa ba kusa ba, don wanda ya fito ya ce na hana ka ga dalilina, aƙalla ka san da wa kake faɗa, kana iya ɗaukaka ƙara, kana iya cewa ƙarya ne. Wanda kuwa zai rungume ka a wajen biki ya ce wallahi ni masoyinka ne, sannan ya rufe ƙofa ta bayan fage, ina za ka kai ƙararsa?

Eh, waƙoƙin sun yaɗu, wannan ba na musu. Lokacin ne rikoda mai zaren tef ta fara shiga gidajen talakawa, wani zai ɗauka a wajen taro ko a ɗakin da ya yi waƙa, ya kwafa wa abokinsa, shi ma ya kwafa wa wani, har kwafi na goma da muryar ta dusashe sai ka kasa kunne sosai kafin ka gane kalmomin. Har suna suka sa wa abun, magnitizdat, ma'ana bugawa da rikoda. Daga Mosko har ma'adinan zinare na can ƙuryar Saberiya babu inda ba a jin sa. Shi da kansa a wasiƙar da ya rubuta wa wani babba a jam'iyyar kwaminis mai mulki, Demichev, a 1973, ya ce ya fi sauƙi a samu rikodar da ke ɗauke da waƙoƙinsa a ƙasar fiye da wadda babu su. Nan ne abokina zai tafa ya ce ka gani ko, ai ga tallar.

Amma a karanta sauran wasiƙar mana. Ba alfahari yake yi ba, roƙo yake. Mutumin da ya fi kowa farin jini a ƙasa mai mutum sama da miliyan 250 yana rubuta wa ɗan siyasa takarda yana neman a bar shi ya tsaya gaban masu sauraronsa a hukumance kamar kowane mawaƙi. Jama'a sun samu waƙa, masu kwafar tef sun samu na cefane, hukuma ta samu damar cewa ai mu ba mu kama kowa ba. Shi me ya samu? Ko kwabo ba ya shigo masa daga miliyoyin tef ɗin nan. Kuɗin da yake samu na wasanni ne da ake shiryawa rabi a fili rabi a ɓoye, a ma'aikatu da cibiyoyin bincike da garuruwa masu nisa, wani lokaci wasa uku huɗu biyar a rana ɗaya da wannan muryar da yake fizgowa tun daga ciki, kuma kullum da fargabar za a ce haramtaccen kuɗi ne. Haka ta faru a 1979 bayan wasanninsa a Izhevsk, aka buɗe bincike, aka ɗaure wasu daga cikin waɗanda suka shirya, shi ma aka dinga kiransa amsa tambayoyi har watanninsa na ƙarshe.

Sannan akwai ciwon da ba na kuɗi ba. Mutumin nan abun da ya fi so a duniya shi ne a kira shi marubucin waƙa, ya ga baitinsa a takarda. A Rasha wannan ba ƙaramin abu ba ne, ƙasa ce da ake haddace baitocin Pushkin, babban marubucin waƙoƙinsu, tun daga firamare. Manyan marubutan zamaninsa abokansa ne, suna ci suna sha tare, amma kallon ƙaramin ƙane mai gita suke masa, shi da kansa ya rubuta a wani baiti yadda suke dafa masa kafaɗa suna ba shi shawara daga sama. A 1979 da wasu marubuta suka haɗa wani kundi mai suna Metropol ba tare da izinin masu tacewa ba, ya ba da waƙoƙinsa aka saka, hukuma ta yi ca a kan kundin. Wato ko ta nan ma ba ta ɓulle ba.

Akwai waƙarsa ta 1968 kan farautar kyarkeci da kawu ya fi so, shi ya fassara mana ita. Mafarautan can in za su yi farauta sai su zagaye daji da igiya mai jajayen ƙyallaye, kyarkecin yana da ƙarfin tsallakewa sarai amma ba zai tsallaka ba, sabida tun yana shan nono aka koya masa ba a ƙetare jan ƙyalle, haka zai yi ta zagaye a ciki har a harbe shi. A waƙar dai guda ɗaya ya yi ta maza ya tsallake. Duk ɗan Sobiyet da ya ji ya san ba zancen dabba ake ba, balle jan ƙyalle a ƙasar da tutarta ja ce. Amma ni abun da na lura, shi mai waƙar bai tsallake ba. Yana da mata a Faris, yana da fasfo, sau nawa yana fita, da ya so da ya zauna can kamar yadda wasu suka yi. Kullum sai ya dawo, don masu jin yarensa da barkwancinsa da zafinsa suna gida, a waje kuwa shi wani baƙo ne mai ihu da gita. Gaba kura baya sayaki.

Kar kuma a ce na mai da shi waliyyi. Mashayi ne na gaske tun yana saurayi, tun kafin wata jarida ta zage shi, yakan ɓace kwanaki a rasa inda yake, a fasa wasa sabida shi, Lubimov ya kore shi ya dawo da shi ba sau ɗaya ba. A shekarunsa na ƙarshe ya faɗa allurar ƙwaya, kuma akwai na kusa da shi da suka dinga samo masa maimakon su hana. Aure uku ya yi, matan sun sha wahalarsa. A watan Yulin 1979 a Bukhara, eh garin Imamul Bukhari, zuciyarsa ta tsaya ana cikin rangadin wasanni, da ƙyar likitan da ke tare da su ya dawo da shi. Ba zan ce gwamnati ce ta ɗura masa giya a baki ba, wannan zaɓinsa ne da jarrabawarsa. Abun da nake cewa shi ne mutumin da ke da irin wannan rauni, ka ɗora masa shekara goma sha biyar na yau a bari gobe a hana, ba ka taimake shi ba, kuma ba ka isa ka zo daga baya ka ce ai talla ka yi masa ba.

Na san wani zai ce to shikenan kowa ya faɗi abun da ya ga dama da sunan waƙa? Ni ban ce haka ba. Ina da 'ya'ya, akwai waƙoƙin da ba na so su shiga kunnensu, kuma waƙoƙinsa na farko-farko na 'yan daba da ɓarayi da ni uba ne a Mosko a 1963 ƙila da na ɓoye tef ɗin. Al'umma tana da haƙƙin ta ce wannan ya wuce gona da iri. Amma in za a yi, a yi shi da rana tsaka: ga dokar, ga baitin da ya karya ta, ga alƙali, ga damar kare kai. Abun da aka yi wa Visotski ba kare tarbiyya ba ne, don da tarbiyya ce damuwar da ba a bar shi ya zama ɗan sandan da yara ke kwaikwayo a talabijin ba. Tsoro ne kawai na mutumin da jama'a suka so ba tare da an ba su umarnin su so shi ba.

Ya yi Hamlet na ƙarshe ranar 18 ga Yuli 1980. Ranar 25 ga wata ya mutu a gidansa yana da shekara 42, ba a ma yi binciken gawa ba. Lokacin ana tsakiyar wasannin Olamfik a Mosko, waɗanda Amurka da wasu ƙasashe suka ƙaurace wa sabida mamaye Afganistan, an share birnin tas, an taƙaita shigowar mutanen wasu garuruwa, ana so baƙi su ga komai lafiya lau. Rediyo da talabijin suka yi gum. 'Yar sanarwa ce ƙarama a jarida, sai takarda da aka manna a tagar sayar da tikiti ta Taganka. Da wannan kaɗai, ranar 28 ga wata dubun dubatar mutane suka cika dandalin Taganka da titunan da ke kewaye, wasu a kan rufin gidaje, aka raka shi maƙabartar Vagankovo.

Daga nan kuma sai ihu bayan hari. A 1981 aka buga littafin waƙoƙinsa na farko, Nerv, abun da yana raye aka hana shi gani. Wasan tunawa da shi da Taganka ta shirya a shekarar aka hana ci gaba da nuna shi, Lubimov kansa aka ƙwace masa shaidar zama ɗan ƙasa a 1984. Da Gobachof ya zo iska ta canza, a 1987 aka ba mamacin lambar yabo ta ƙasa, Melodiya ɗin nan da ta yi ta ja masa rai ta fitar da manyan faifansa har 21 a jere, kuma yawancin abun da ke ciki daga tef ɗin da mutane suka ɗauka a wuraren wasanninsa aka tattaro. Yau akwai gumakansa a garuruwa, akwai tituna da sunansa, akwai dogon bene a Yekaterinbag da ake kira Visotski, Putin da kansa ya ziyarci gidan tarihinsa a 2018 lokacin cikarsa 80 da haihuwa. Masu goyon bayan gwamnati suna cewa nasu ne, ɗan kishin ƙasa mai waƙar sojoji, 'yan adawa suna cewa nasu ne, mai waƙar kyarkeci. Shi dai ba ya nan balle ya ce wani abu, kuma ina zargin shi ya sa kowa ke son sa yanzu.

Don rayayyun mawaƙan Rasha ba a canza musu ba. Tun da aka fara yaƙin Yukren a 2022, Yuri Shevchuk na ƙungiyar mawaƙa ta DDT an ci shi tara kan maganar da ya yi a dandamali a Ufa, wasanninsa a Rasha suka tsaya. Andrei Makarevich da Boris Grebenshikov da Zemfira gwamnati ta lissafa su cikin 'yan koren ƙasashen waje, suna zaune a ƙetare. Alla Pugacheva da ta shekara kusan hamsin tana sarautar waƙar ƙasar ta bar gida ita ma. Waƙoƙinsu suna nan a intanet, ana saurare, ƙila ma an ƙara saurare. Sai dai mutum ya kai shekara saba'in yana yi wa 'yan gudun hijira waƙa a ƙaramin zaure a wata ƙasa, garin da aka haife shi kuwa ba shi da ranar komawa, ban san wane ɗan kasuwa ne zai kira wannan talla ba.

Jiya na tura wa abokin nawa waƙar kyarkecin a WhatsApp tare da bayanin da kawu ya yi mana. Ya saurara ya turo min saƙon murya yana dariya, wai wannan ai sai a ba shi zuma da citta, wane irin maƙogwaro ne haka. Na ce masa Asabar mai zuwa zan zo da sauran bayanin, ya tanadi shayi.